Harafin Farko na Sunan Sekinat

Malumfashi,
20 ga Nuwamba, 1964.

Zuwa ga taubashina Malam Aƙilu, a Hartum.

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Muna nan ƙalau. Goggo Tani, mahaifiyarka, tana lafiya, sai ƙafar nan da ke damunta in sanyi ya shigo. Ta ce in tambaye ka ko Larabawan nan suna ba ka abinci, don a hoton da ka aiko ba ta ga komai ba sai wuya da tabarau. Dawa ta yi kyau bana a Gozaki, auduga ma ba laifi. Ni kuma ina nan ina fama da 'yan aji biyu.

Bayan haka, magana ce ta taso, kuma kai aka miƙa wa. Ka san tun rasuwar matarsa Maijidda, Yaya Ummaru yake zaune shi kaɗai da 'yan mata biyu ƙanana, sai kai kawo suke tsakanin gidan Baba da na maƙwabta. To, ya ga mata. Sunanta Sekinat, 'yar Baba Adewale mai gyaran keken ɗinki a Funtua. Bayarabiya ce, amma a Funtua aka haife ta, Hausarta ta fi taka. Mijinta ya rasu, ba ta da ɗa, ɗinki take yi. Tana son yaran, yaran suna sonta, shi kuwa Yaya har dariya ya koma yi.

Ka san Baba, ko rumbu ba ya ɗagawa sai an buga masa hisabi. Aka kai wa Malam Baƙo sunayen, ya ba kowane harafi lambarsa, ya tara, ya raba, ya faɗi abin da ya gani. Ana nan sai ga Alhaji Maikuɗi, mai sayen auduga, da wani littafin hisabi bugun Masar da ya sayo a Makka. Shi ma ya buga. Ɗaya ya ce auren alheri ne, ɗaya ya ce rabuwa ce da baƙin ciki. Suka zauna a zauren Baba suna bin lissafin harafi-harafi kamar masu tsince tsakuwa a shinkafa, har suka gano inda suka rabu. Harafi ɗaya ne tak, sin ɗin da ke farkon sunan Sekinat. Malam Baƙo ya ce tun da ya tashi sin ɗari uku ne. Littafin Alhaji ya ce sittin.

Baba ya ce, “Ga Aƙilu can a ƙasar masu abin. A tambaye shi wanne ne na asali. Abin da ya ce, shi ke nan.” Ya kuma sa na rantse ba zan faɗa maka wane ne ya ga alheri ba, wai kada ka yi son kai.

Don Allah ka yi sauri. Baba Adewale ya tsufa, ya ce zai koma garinsu Offa kafin ruwa ya sauka, kuma ba zai bar 'yarsa ita kaɗai a Funtua ba aure ba. In ba a ɗaura ba kafin nan, da ita zai tafi.

Malam Baƙo ne ya fara rubuta maka allo, Aƙilu. Kada ka manta da shi. Ka karanta wannan layin da kyau.

Taka,
Lauratu.

Hartum,
27 ga Disamba, 1964.

Zuwa ga Malama Lauratu, shugabar masu faɗa ta Malumfashi.

Takardarki ta same ni lafiya. Ki faɗa wa Inna ina cin wake da burodi safe da yamma, wuyan kuwa gadonsa na yi daga wajen Kawu. Ina taya Ummaru murna. Malam Baƙo kuma yaya za a yi in manta da shi? Na ba wani ɗan Bakori da zai dawo gida kwalbar turare ya kai masa.

Lauratu, ba ki san abin da kika taɓo ba! Malaminmu na tarihin harshe kwanan nan ya kafa mana wani zane a bango, tun ranar ban sake duban harafi yadda na saba ba. Shekaru dubbai da suka wuce, wasu mutane a yankin Sham suka ga rubutun Misirawa zane-zane ne da ba sa ƙirguwa, sai suka tsinci kaɗan suka bar sauran. Suka zana kan sa, wato bijimi, don sunan sa a harshensu da sautin “a” yake farawa. Shi ne alif. Suka zana gida, shi ne ba. Suka zana ruwa, mim. Suka zana ido, ain, wanda har gobe ido yake nufi da Larabci. Fatakensu na teku, Finiƙawa, suka kai wa Girkawa, Girkawa suka ba Rumawa, daga nan ya kai ga Turawa. Wani reshen kuma ya gangara ta hamada ya zama na Larabawa. Ki rubuta A a allon ajinki, ki juya shi ƙasa ta koma sama, za ki ga ƙahoni biyu. Wato boko da ajami da mutanenmu ke ta rigima a kansu taubasai ne, kamar ni da ke.

Lambobi kuma daban suka zo. Kafin a sami sifiri da lambobi tara daga Indiya, da haruffa ake ƙirge: na farko a jeri ɗaya, na biyu biyu, har goma, sannan ashirin, talatin, har ɗari-ɗari. Abajada ke nan da Malam Baƙo ya sa mu rerawa. Kuma lambobin da kike koyarwa, ta hannun Larabawan yamma suka shiga ƙasar Turawa. A nan Hartum wata siffa suke da ita: sifirinsu ɗigo ne, biyar ɗinsu kuwa kamar sifirinmu.

Wannan ya tuna mini, ashirin da talatin da sittin duk aron Larabci ne. An ce kakanninmu gomiya biyu, gomiya uku suke cewa. Don Allah in kin sami sarari ki shiga ƙauyukan Maguzawan da ke bayan Malumfashi, ki tambayi tsofaffinsu ko har yanzu haka suke ƙirga damin dawa. Ina so in sa a rubutuna na ƙarshen shekara.

Batun sin kuwa, zan tambayi malamin in an dawo hutu.

Naki,
Aƙilu.

Malumfashi,
24 ga Janairu, 1965.

Aƙilu,

Barka da shan ruwa. Kowa lafiya. Na gama gaisuwa.

Wata biyu ina zuwa gidan waya har ma'aikacin ya fara tsammanin miji nake jira, sai ga takarda cike da shanu. Na tambaye ka harafi ɗaya, ka aiko mini da Finiƙawa! Su waye Finiƙawa? Suna da 'ya mace da za su ba Yaya Ummaru?

Kuma ni ma da tawa wautar, na juya A ɗin a gaban yara. Yanzu duk wanda na ce ya fito ya rubuta A, sai ajin gaba ɗaya ya ɗauki kukan shanu. Hedimasta ya leƙo sau biyu. Wannan ne kaɗai amfanin da na ga karatunka ya yi a ƙasar Katsina.

Wai in shiga ƙauyuka in tambayi gomiya. Da azumi a bakina, a ƙafa? Allah ya shirye ka.

Ka saurara. Baba Adewale ya fara sayar da kayan shagonsa. Ranar kasuwa na je Funtua na iske Sekinat tana ɗinka wa yaran Yaya rigunan Salla, ba wanda ya sa ta. Ta dube ni ta ce, “Malama, har yanzu ba a gama awona ba? Auduga ma da aka kawo bayana an auna ta an ɗora a jirgi.” Dariya ta yi, amma ni na kasa. Kunya ta kama ni har na rasa inda zan sa idona.

Baba yana jira. Kullum sai ya tambaya. Layi ɗaya nake so: wanne ne na asali? Turaren ya iso, Malam Baƙo ya gode. Amma ba turare na ce ka tuna da shi ba. Ka koma ka sake karanta takardata ta farko, ka yi tunani irin na mutane.

Lauratu.

Hartum,
21 ga Fabrairu, 1965.

Zuwa ga Kawu, a Gozaki, ta hannun Alhaji Maikuɗi, Funtua.

Bayan gaisuwa ta ladabi da biyayya, ina fata an yi Salla lafiya. Allah ya ƙara girma da nisan kwana. Lauratu ta ce kuna jira, shi ya sa na ga ya fi kyau in rubuto muku kai tsaye, ta akwatin Alhaji don ta fi saurin isa.

Na tambayi malaminmu, na kuma duba littattafai. Jeri biyu ne. Akwai na gabas, wanda ake bi a Masar da Makka, inda sin yake sittin. Akwai na yamma, wanda ya zo mana ta hamada, inda sin yake ɗari uku. Na gabas ya fi tsufa, don shi ya fi dacewa da jerin mutanen farko da suka ƙago haruffa.

Sai dai, Kawu, tsufan jeri ba shi ne sanin gaibu ba. Wannan na Allah ne shi kaɗai. Ina fata wannan amsa za ta kawo ƙarshen jinkiri, a sha biki.

Ɗanku,
Aƙilu.

Malumfashi,
19 ga Maris, 1965.

Aƙilu,

Lafiyarmu lau, in ana kiran wannan lafiya.

A sha biki! Ka kashe aure ka rufe da a sha biki! Tunda ka riga ka yanke, rantsuwata ta sauka, bari ka ji. Malam Baƙo ne ya ga alheri. Littafin Alhaji ne ya ce rabuwa. Sau biyu na nuna maka hanya, har na ce ka karanta da kyau. Jaki ma da na ja masa kunne haka da ya juya. Kai da ka hango ƙahon sa a cikin A daga nisan shekara dubu uku, ka kasa ganin abin da na ajiye maka a gaban hancinka.

Kuma duk akwatunan gidan waya na Lardin Katsina ba ka ga na aikawa ba sai na Alhaji Maikuɗi. Ko hutawa bai yi ba, ya hau babur ya tafi Gozaki, ya tara mutane a zaure ya karanta da ƙarfi, ya maimaita wurin “ya fi tsufa” har sau uku. Da ya zo kan maganarka ta gaibu, Baba ya ɗaga hannu ya ce, “Wannan wa'azi ne, mun sani. Amsar dai mun ji ta.” Goron da aka saya don neman aure, a wurin aka rabar da shi. Malam Baƙo ya ɗauki buzunsa ya fita.

Abin da ya fi ƙona mini rai Yaya Ummaru ne. Na same shi a bayan gida yana gyaran garma. Na ce, “Yaya, kai ba yaro ba ne. Ka je wurin Baffa Sanda, ƙanen Baba, ya shige maka gaba, hisabi ba farilla ba ne.” Ya ce, “Lauratu, sai abin da Baba ya ce.” Na ce, “To, ka je ka faɗa wa Sekinat da bakinka.” Bai je ba. Ni na je. Ta saurare ni har na gama, ƙafarta ba ta bar taka keke ba. Ta ce, “Na gode da kika zo da kanki.”

Ƙaramar yarinyar kullum sai ta tambayi yaushe za a je gidan Iya mai keke. Ka aiko mini da amsar wannan daga littattafanka.

Lauratu.

Hartum,
18 ga Afrilu, 1965.

Lauratu,

Ina gaishe ki, in za ki amsa. Takardarki ta daɗe a hanya, da na karanta kuwa abinci ya fita raina. Wallahi na ɗauka littafin Makka ne ya ga alheri, na ɗauka taimako nake yi. Amma ko da na gane nufinki, ba zan iya rubuta wa Kawu abin da na san ba haka yake ba. Don haka na koma na bi sin shi kaɗai, ba jerin duka ba, ko Allah zai sa in sami gaskiyar da za ta yi mana amfani. Na samu. Wannan ki karanta wa Kawu da bakinki, kada ki ba kowa.

A jerin mutanen farko akwai wani harafi da ke zaune a kan sittin. Larabawa ba su ɗauke shi ba, ya mutu, wurinsa ya zama kango. Akwai kuma wani mai siffar haƙora, sunansa ma haƙori yake nufi, yana zaune a kan ɗari uku. A hannun Larabawa wannan mai haƙoran ya haifi biyu: sin mara ɗigo, da shin mai ɗigo uku. Magada biyu, gona ɗaya. Mutanen gabas suka bar wa shin gonar, suka tura sin ya zauna a kangon sittin. Mutanen yamma suka bar wa sin gonar ubansa, suka tura shin can ƙarshen jeri. Saboda haka abin da na faɗa da farko yana nan, jerin gabas ya fi tsufa in an ɗauke shi gaba ɗaya. Amma a kan wannan harafin, ɗari ukun Malam Baƙo ba ƙage ba ne. Wurin zaman kakan sin ne tun kafin a yi Larabci a rubuce.

Ke kuma tsakanina da ke, ni ban yarda lamba tana sanin zaman aure ba. Wurin tsayuwa ne a layi, kamar yadda kike jera yaranki da safe. Wani ya jera su haka, wani ya jera su haka. Amma in da wannan Kawu zai saurara, ga shi.

Na biya kuɗin jirgin sama don ta yi sauri. Ki ba Malam Baƙo haƙuri. Ki rubuto mini ko da zagi ne.

Aƙilu.

Malumfashi,
13 ga Yuni, 1965.

Taubashina Aƙilu,

Gaisuwa da fatan kana lafiya. Ruwa ya zauna, an yi shuka, dawa ta fito. Goggo Tani ta ce ka dawo haka nan, karatun ya isa. Yau ba ni da ƙarfin zaginka.

Takardarka mai jirgin sama ta sauka Kano da wuri, sannan ta kwanta a wata jaka har Allah ya yi ta iso. Ranar da na karɓe ta, mako guda ke nan da Baba Adewale ya ɗora kayansa a jirgin ƙasa, Sekinat na biye da shi da kekenta.

Duk da haka na tafi Gozaki na karanta wa Baba. Ya sa na maimaita wurin gona da kango, ya gyaɗa kai, ya ce, “Ai dama na san Malam Baƙo ba ya kuskure.” Ka ji fa! Shi da bakinsa. Na ciji leɓena don uba ne. Ya aika aka kira Yaya Ummaru ya ce masa an yarda, ya je ya nemo matarsa.

Yaya bai taɓa wuce Zariya ba, amma ya bar shuka a hannun maƙwabta, ya sa takardarka a aljihu, ya hau jirgi har Offa. Ya yi ta tambaya har ya sami gidan. Ya ce sun karɓe shi da mutunci, aka ba shi ruwa, aka shimfiɗa masa tabarma. Da Sekinat ta fito, ya ciro takardar ya ce a nemo mai karantawa, an gano lissafin farko daidai ne, Baba ya yarda.

Ta ce, “Mayar da ita aljihu, Ummaru, ba sai an karanta ba. Abu ɗaya zan tambaye ka. Da takardar nan ta sake cewa sittin, da ka zo?”

Ka san Yaya, ba ya iya ƙarya. Ya kasa ce mata e. Ya gaya mini ta daɗe tana jiran amsarsa. Sannan ta shiga ciki ta kawo masa abinci, ta kawo riguna biyu da ta ɗinka wa yaran, ta yi su da girma don su kai wata Sallar. Washegari ƙanenta ya raka shi tasha.

Na so in ji haushinta, na kasa. Ni ma da ni ce, abin da zan tambaya ke nan.

Af, na sami wani tsoho Bamaguje mai sayar da doya a kasuwa. Ya ce kakarsa gomiya biyu take cewa, shi ma yakan faɗa in yana ƙirga dami. Ka sa a rubutunka.

Jiya na je Gozaki kai wa yaran sabulu. Da zan tafi Yaya ya biyo ni har gindin rumbu, fartanya a kafaɗarsa. Ka san bai yi allo mai nisa ba, boko kuwa ko kaɗan. Ya ce, “Lauratu, wai nuna mini shi.” Na ce wa? Ya ce, “Harafin nan.” Na tsuguna na sa tsinke a jiƙaƙƙiyar ƙasa, na ja haƙora uku da 'yar wutsiya. Ko tafin hannun ƙaramar 'yarsa bai kai ba.

Ya daɗe yana kallo. Ya ce, “Shi ke nan? Ɗan wannan?”

Na ce shi ke nan.

Ya gyara fartanyarsa, ya kewaye shi don kada ya taka, ya nufi gona.

Taka,
Lauratu.